Majalisar Da Ta Canza Hannu Ba Tare Da Zaɓe Ba: Badun, 1960 Zuwa 1965

A wannan fitowa filinmu na tarihi ba zai yi nisa da gida ba. Duk wanda ya taɓa bi ta Sakateriya a Agodi ya san ginin da 'yan majalisar Jihar Oyo suke zama a ciki. To, wannan gini ya girmi Jihar Oyo nesa ba kusa ba. A cikinsa ne Majalisar Wakilai ta tsohuwar Jihar Yamma take zama, zamanin da ƙasar nan take da jihohi uku kacal, ikon Badun kuma ya tashi tun daga Badagiri har ya dangana da Asaba a bakin Kwara.

Labarin wa'adi ɗaya tak na wannan majalisa za mu kawo, wato daga zaɓen watan Agusta na 1960 zuwa na watan Oktoba na 1965. Abin da ya sa muka ɗauko shi kuwa shi ne, jam'iyyar da ta shiga da kujeru kusan tamanin ta fita tana 'yar hamayya, wadda ta fita tana mulki ba a ma haife ta ba ranar da aka yi zaɓe, kujeru talatin kuma suka tashi ɗungurungum suka koma wata jiha. Duk wannan an yi shi ba a sake kiran talaka an ce zo ka zaɓi sabuwar majalisa ba. Dattawanmu na Sabo da Shagamu da Agege sun san inda abin ya ƙare, domin hayaƙinsa ya iso har ƙofar gidajensu. Yara kuwa sai dai su ji ana cewa zamanin Demo, ba su san mafari ba.

Mu soma daga yadda aka shiga. A ƙarshen 1959 Cif Obafemi Awolowo ya bar kujerar Firimiya ya tafi neman mulkin tarayya. Bai samu ba, sai ya zama madugun 'yan hamayya a Ikko, mataimakinsa a jam'iyya, Cif Samuel Ladoke Akintola, ya gaji kujerar Badun. Akintola mutumin Ogbomosho ne, amma a Minna ya yi ƙuruciyarsa, yana jin Hausa, ga shi Allah ya ba shi baki. A watan Agustan 1960 ya kai jam'iyyarsu ta Action Group, wato AG mai alamar bishiyar kwakwa, gaban jama'a, ta ci kujeru 79 a majalisa mai kujeru 124. NCNC mai zakara ce ta bi mata, sannan 'yan Mabolaje na nan Badun, mutanen marigayi Adegoke Adelabu wanda ya rasu a haɗarin mota a 1958. Madugun 'yan hamayya a majalisar shi ne Remi Fani-Kayode, lauya mutumin Ife, wanda shi kansa tsohon ɗan AG ne da ya koma NCNC. Mai karatu ya riƙe wannan suna, za mu sake tarar da shi a wata rumfar.

Sauya sheƙa dai ba baƙon abu ba ne a wannan zaure. Tun bayan zaɓen 1951 aka soma, lokacin da biyar daga cikin wakilai shida na wata jam'iyyar mutanen Badun suka bi AG, Adelabu kaɗai ya tsaya da NCNC, Dakta Azikiwe ya tashi a madugun hamayya. Har gobe mutanen Zik suna cewa ƙwace aka yi, mutanen Awo suna cewa dama can waɗannan wakilai ba na NCNC ba ne. Wannan gardama mu bar musu ita.

Me ya raba Awolowo da Akintola? Abu na farko, sarki biyu a gari ɗaya. Shugaban jam'iyya yana Ikko ba shi da gwamnati, mai gwamnati yana Badun ba shi ne shugaban jam'iyya ba, ga maganar naɗe-naɗe da haraji da farashin koko, kowa yana ganin shi ya kamata a tuntuɓa. Abu na biyu ya fi wannan zurfi. Akintola yana ganin AG ta daina ɓarnar kuɗin Yamma wajen neman ƙuri'a a Arewa da Gabas, ta shirya da Sardauna, Yarbawa su shiga gwamnatin tarayya su ma a dama da su. Awolowo kuwa yana nan kan bakansa na ci gaba da hamayya, da mara wa ƙananan ƙabilu baya su sami jihohinsu, da wata aƙidar gurguzu mai sassauci wadda attajirai da sarakunan jam'iyyar ba su yi na'am da ita ba. Ƙurjin ya fashe a babban taron jam'iyya na Jos cikin Fabrairun 1962. Ana cikin taro Akintola ya baro Jos ya dawo Badun tarbar Sardauna wanda ya kawo ziyara, taron kuma ya tuɓe abokinsa Ayo Rosiji daga sakataren jam'iyya ya ɗora Sam Ikoku.

Takardar mutum 66

A ranakun 19 da 20 ga Mayu 1962 shugabannin AG suka zauna suka ce Akintola ya sauka. Ya ce bai san zance ba. Ya nemi Gwamna ya rushe majalisa a koma zaɓe, Gwamna ya ƙi. Ya nemi Kakaki ya kira zama a gwada ƙarfi, shi ma bai samu yadda yake so ba. Gwamnan a lokacin shi ne Oni na Ife, Sa Adesoji Aderemi. Tsarin mulkin jihar ya ba shi ikon tuɓe Firimiya idan ya bayyana gare shi cewa mafi yawan wakilai ba sa tare da shi, amma tsarin bai fayyace ta wace hanya abin zai bayyana ba. Sai aka kai masa takarda ɗauke da sa hannun wakilai 66 cikin 124. Ranar 21 ga Mayu ya tuɓe Akintola, ya naɗa Alhaji Dauda Soroye Adegbenro, mutumin Abekuta. Akintola ya garzaya kotu, ya kuma ce shi har yanzu Firimiya ne.

A lura da wannan adadi na 66. Jam'iyyar da ta shiga da 79 ga shi abin da ta iya tarawa ke nan, wato tun ba a je ko'ina ba mutum goma sha wani abu sun zame. Duk da haka rinjaye ne, domin 63 ake bukata.

Ranar 25 ga Mayu majalisa ta zauna don ta tabbatar da Adegbenro. Ba a kai ga ƙuri'a ba. An tashi gabatar da batu ke nan sai wani wakili daga Ogbomosho ya zabura ya ɗauki kujera, zaure ya hargitse. Wakilin Badagiri ta Gabas, wani ɗan NCNC mai suna Ebubedike, ya sure sandan majalisa ya kai wa Kakaki, Yarima Adeleke Adedoyin, duka, bai same shi ba, sanda ya karye a kan tebur. Wannan Ebubedike ɗan ƙabilar Ibo ne, baƙo kamar mu, wanda zama ya kai shi har aka zaɓe shi a ƙasar Yarbawa, sai dai kash, da karya sanda tarihi ya riƙe shi. An fasa wa wani minista, Kessington Momoh, kai har aka kai shi asibiti. 'Yan sanda suka watsa barkonon tsohuwa, manyan mutane da manyan riguna suna tsere ta ƙofa da taga. Bayan 'yan sa'o'i aka sake zama, wannan karon da 'yan sanda a ciki, aka sake kaurewa, aka sake watsa hayaƙi, aka kulle zaure.

Duk mai hankali ya san wanda ba ya son a ƙirga hannu a ranar. Mai rinjaye ba ya jifa da kujera. Amma su ma 'yan AG sun yi gaggawa. Da sun bari majalisa ta zauna tun farko ta kayar da Akintola da ƙuri'a a bainar jama'a, da ba su ba shi abin kai wa kotu ba. Sun zaɓi takarda, takarda kuwa kowa yana iya cewa a ɗaka aka matsa masa ya sa hannu.

Bayan kwana huɗu, ranar 29 ga Mayu, majalisar tarayya ta kafa dokar ta-ɓaci a Jihar Yamma. Aka dakatar da Gwamna da Firimiya da ministoci da Kakaki, aka ɗauko Ministan Lafiya na tarayya, Likita Moses Majekodunmi, aka ba shi riƙon jihar a matsayin Kantoma. Dogarinsa wani matashin hafsa ne mutumin Kano, Murtala Muhammed, wanda bayan shekara goma sha uku ya zama shugaban ƙasa. Aka tsare manyan 'yan siyasa na kowane ɓangare a garuruwa dabam-dabam, amma na ɓangaren Akintola aka fara saki.

A nan akwai maganar da ba ta da daɗi a kunnenmu, amma faɗinta ya fi. Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa, Allah ya ji ƙansa, mutum ne mai haƙuri da gudun fitina, wannan ba mai musu. Sai dai a wannan karo gwamnatinsa ba ta tsaya a tsakiya ba. Faɗa a ɗaki guda aka yi, gari lafiya lau, kasuwa tana ci. A 1960 an yi tarzoma a ƙasar Tibi, an ƙone gidaje masu yawa, ba wanda ya dakatar da gwamnatin Kaduna. Gaskiya ne NPC tana da tabon AG a zuciya, domin AG ta shiga Arewa a 1959 da jirage masu saukar ungulu da baƙaƙen maganganu a kan sarakuna, ta ɗaure wa masu neman jihar Tsakiya gindi, ta nemi a yanke Ilori da Kabba a haɗa da Yamma. NCNC ita ma tana da nata tabon. Da dama ta samu, sai abokan gwamnatin biyu suka rama.

Watanni bakwai na dokar ta-ɓaci su ne suka canza lissafin kujeru. Majalisa ba ta zama, amma ba a rushe ta ba, kowane wakili yana nan da kujerarsa yana kallon inda iska ke kaɗawa. Ga abin da ya gani. A watan Yuli Kotun Ƙoli ta tarayya, ƙarƙashin Babban Joji Sa Adetokunbo Ademola, ta ce tuɓe Akintola bai yi daidai ba tunda ba a yi ƙuri'a a zaure ba. Hukumar bincike ta Mai Shari'a Coker ta tono yadda kuɗin hukumomin gwamnati, musamman na hukumar cinikin amfanin gona, suka bi ta wani kamfanin gine-gine suka zarce asusun jam'iyya, ta ɗora wa Awolowo laifi, ta wanke Akintola. A watan Nuwamba aka gurfanar da Awolowo da manyan mutanensa bisa tuhumar cin amanar ƙasa, shari'ar da ta ƙare a Satumban 1963 da ɗaurin shekara goma. Wakilin da ke da bashin banki, da 'yan mazaɓa masu jiran famfo da kwalta, ba sai an yi masa dogon bayani ba.

Da wa'adin dokar ya cika, hanya biyu ce a gaban Firayim Minista: a koma ga jama'a, ko a mayar da Akintola. Ya zaɓi ta biyu. Ranar 1 ga Janairu 1963 Akintola ya koma kujera da sabuwar jam'iyyarsa ta UPP, ya haɗa gwamnati da NCNC, madugun hamayya na jiya Fani-Kayode ya zama Mataimakin Firimiya. Oni na Ife bai koma gidan Gwamna ba, aka naɗa Cif Odeleye Fadahunsi. Adegbenro ya ɗauki ragowar AG ya koma benci na hamayya.

In ana son a ga yawan waɗanda suka tsallaka, a dubi abin da ya faru ranar 27 ga Mayu 1963. A ranar ne majalisar alƙalan Sarauniya da ke Landan, wadda a lokacin ita ce ƙarshen ɗaukaka ƙara, ta warware hukuncin Kotun Ƙoli ta ce Gwamna yana da ikon dogara da takarda, wato Adegbenro ne da gaskiya. A wannan rana dai majalisar Badun ta gyara tsarin mulkin jihar, ta ce ba a tuɓe Firimiya sai da ƙuri'ar zaure, ta kuma mayar da dokar baya ta soma aiki tun daga Oktoban 1960. Majalisar tarayya ta amince cikin 'yan kwanaki. Adegbenro ya ci shari'a ya rasa kujera. To ga lissafi: waɗanda ba su sa hannu a takardar tuɓe Akintola ba mutum 58 ne, gyaran tsarin mulki kuwa yana bukatar kashi biyu cikin uku na wakilai, wato sama da tamanin. Ke nan cikin shekara guda mutum ashirin da ɗoriya daga cikin masu cewa ba sa yinsa sun dawo suna ɗaga masa hannu. Da aka zama jamhuriya a Oktoban 1963 sai aka soke kai ƙara Landan gaba ɗaya.

Me ya sa tsallakawa ta yi arha haka?

Dalili na farko yana cikin tsarin da muka gada daga Ingila. A wannan tsari kujera ta wakili ce. Ya ga dama ya tashi daga wannan benci ya koma wancan, ba abin da zai rasa, mutanen da suka zaɓe shi don bishiyar kwakwa sai dai su ji a rediyo. A Ingila kunya da tsoron zaɓe mai zuwa suna taka wa mutum burki. A nan kuwa gwamnati ita ce uwa ita ce uba: ita ke ba da lasin sayen koko, ita ke ba da rance, ita ke ba da kwangila da gurbin karatu. Yawan ministoci da ƙananan ministoci ya yi ta kumbura, domin duk wanda ya tsallako sai an nema masa abin zama.

Wanda zuma ba ta jawo shi ba, sai a nuna masa wuta. An rushe zaɓaɓɓun majalisun ƙananan hukumomi an ɗora kwamitocin riƙo na 'yan jam'iyya. Mai ƙididdigar haraji da duba-gari da kotun gargajiya da ɗan sandan ƙaramar hukuma duk sun zama bulala. Sarakuna ma ba su tsira ba. Odemo na Ishara, Oba Samuel Akinsanya, da ya ƙi barin Awolowo, an mayar da albashinsa kwabo ɗaya a shekara. Kwabo ɗaya fa, jama'a!

Irin wannan ne ya sa masu rubuta tsarin mulkin 1979 suka sa doka cewa wakilin da ya bar jam'iyyar da ta tsayar da shi ya bar kujera, sai fa in jam'iyyar ce ta rabu ko ta haɗe da wata. Dokar tana nan a tsarin 1999, sashe na 68 ga 'yan majalisar tarayya, sashe na 109 ga na jihohi. A 2015 Kotun Ƙoli ta ƙara ɗaure ta a shari'ar wani wakili daga Ondo mai suna Abegunde, ta ce rabuwar da ake nufi ita ce wadda ta taɓa uwar jam'iyya ta ƙasa, rigimar reshen jiha ba ta isa hujja ba. Duk da haka ƙofar ba ta rufu ba, domin Kakaki ne ke bayyana cewa kujera ta zama ba kowa, shi kuwa sau da yawa da shi ake tafiya. 'Yan'uwanmu na Fatakwal sun gani da idonsu a Disambar 2023, da wakilai 27 suka ce sun bar PDP sun koma APC, aka rushe ginin majalisa, rigima ta yi ta ja har aka kafa dokar ta-ɓaci daga Maris zuwa Satumban 2025.

Mu koma Badun. Canji na gaba ba na sheƙa ba ne, na ƙasa ne. Mutanen lardunan Binin da Delta, waɗanda galibinsu ba Yarbawa ba ne, sun daɗe suna neman jiharsu. AG ta ce ta yarda in za a yanka Arewa da Gabas su ma. Da AG ta faɗi, Akintola kuma yana jingine da NCNC, sai hanya ta buɗe. Aka yi ƙuri'ar raba gardama ranar 13 ga Yuli 1963, kusan kashi 89 cikin ɗari na masu rajista suka ce a raba, a watan Agusta aka kafa Jihar Yamma ta Tsakiya da hedikwata a Binin. Wakilai talatin suka kwashe takardunsu, majalisar Badun ta dawo kujeru 94. Yamma kaɗai aka yanka cikin jihohin uku.

Wannan ya rage wa NCNC ƙarfi ƙwarai a zauren, domin babban kaso na wakilanta daga can suke. Ragowar kuwa ba su daɗe ba. A watan Fabrairun 1964 aka bayyana sakamakon ƙidayar 1963: mutum miliyan 55 da dubu ɗari shida, Arewa tana da kusan miliyan talatin. Firimiyan Gabas, Dakta Michael Okpara, ya yi fatali da shi, Akintola ya karɓa. Ministocin NCNC na Badun sai suka tsinci kansu tsakanin jam'iyya da kujera. Ranar 10 ga Maris 1964 aka sanar da sabuwar jam'iyya, NNDP mai alamar hannu, aka aro sunan tsohuwar jam'iyyar Herbert Macaulay ta 1923. Ita ce mutane suka yanke wa suna suke cewa Demo. UPP ta narke a ciki, Fani-Kayode ya ja mafi yawan wakilan NCNC suka shige. Rumfarsa ta uku ke nan. 'Yan tsirarun da suka ƙi suka koma suka zauna kusa da AG, abokan gabarsu na shekara goma sha uku.

Ina mu a cikin wannan?

Sabo ba mazaɓa ba ce mai kanta, ƙuri'unmu a cikin na 'yan gari suke narkewa. Amma ba abin da ake yi a Agodi da ba ya taɓa mu. Tun da aka kafa unguwar a 1916 zamanmu ya dogara da wanda ke riƙe da gari: filin da muke kai, rumfunan kasuwa, karar shanu, da amincewa da Sarkin Hausawa. Zamanin Turawa hukuma guda ake fuskanta. Da siyasa ta zo sai ya zama yau kwamitin wannan jam'iyya ne, gobe na waccan, baƙo kuwa in ya rungumi ɗaya ya ɓata da ɗaya. Wani masanin zaman jama'a, Abner Cohen, ya zauna a Sabo daidai wannan lokaci, 1962 zuwa 1963, ya fitar da littafi a 1969 inda ya nuna yadda cinikin shanu da goro yake tafiya kan amana. Falke ya kawo shanu ya sauka wurin maigida, mahauci Bayarabe ya ɗauka bashi, maigida ya tsaya a tsakani. Sana'a irin wannan lafiyar hanya take so da hukumar da ba ta canza fuska kowane wata.

Sai ga shi a 1964 siyasa ta liƙa mana tambari. Demo ta ƙulla ƙawance da NPC aka kafa NNA, su kuma AG da NCNC suka haɗu da NEPU da UMBC aka kafa UPGA. Daga nan duk mai doguwar riga da hula a idon ɗan gari mai fushi ya zama mutumin Sardauna, mutumin Sardauna kuwa mutumin Akintola ne. Ba mai tambaya ko kai ɗan NEPU ne, alhali Malam Aminu Kano yana cikin UPGA, ko kuwa kai ba ruwanka da kowa sai huhun goronka.

Da wa'adin majalisa ya cika aka sa zaɓe ranar 11 ga Oktoba 1965. Wannan ce ranar farko cikin shekara biyar da aka ce talakan Yamma ya zo ya faɗi ra'ayinsa a kan duk tsalle-tsallen da aka yi da sunansa a wannan zaure. Wakilin da aka zaɓa da kwakwa ko da zakara yanzu zai koma ƙauyensu da alamar hannu. Da yawansu sun san abin da ke jiransu, saboda haka ba a bar abin ga ƙuri'a ba. A wasu mazaɓu jami'in zaɓe ya karɓi takardar ɗan Demo ya ɓace, har ranar rufewa ba a gan shi ba, aka ce mutum 16 sun ci ba hamayya. An kama takardun ƙuri'a a hannun waɗanda bai kamata ba. A wani wurin a ƙirga a rumfa a faɗi wanda ya ci, rediyon gwamnati ya faɗi wani dabam. Shugaban hukumar zaɓe, Mista Esua, da kansa ya fito ya ce akwai abin dubawa a yadda aka yi. A ƙarshe aka ba Demo fiye da kujeru 70 cikin 94. Adegbenro ya ce ƙarya ne, UPGA ce ta ci 68, ya sanar da tasa gwamnatin, aka kama shi. Wani mutum da bindiga ya shiga gidan rediyon Badun ya sa aka cire faifan jawabin Firimiya aka sa nasa, aka tuhumi Wole Soyinka, kotu ta sallame shi.

Ana cikin haka gwamnati ta rage farashin koko da kusan rabi, abin da ta ƙi yi kafin zaɓe. Sai wuta ta tashi. Shi ne abin da ake kira Weti-e, wato a jiƙa mutum ko gidansa ko motarsa da fetur a ƙyasta ashana. Ijebu da Remo da Ekiti da Mushin suka kama, hanyar Ikko ta Shagamu da Ikorodu ta zama sai mai ƙarar kwana, ga shi kuwa ita ce hanyar goro. Gwamnatin tarayya da ta kafa dokar ta-ɓaci saboda jifa da kujeru, wannan karon ta ce harkar cikin gida ce ta jiha. A watan Janairun 1966 Ikko tana karɓar shugabannin ƙasashe renon Ingila don maganar Rodeshiya, 'yan mil kaɗan daga zauren taro ana ƙone motoci.

Ranar 14 ga Janairu Akintola ya tafi Kaduna ya gana da Sardauna ya dawo. Kafin wayewar garin 15 ga wata sojoji sun kashe shi a gidansa na Badun, sun kashe Sardauna a Kaduna, sun ɗauke Firayim Minista a Ikko. Fani-Kayode an kama shi an tafi da shi Ikko, amma ya tsira, ya rayu har 1995. Laftanar Kanar Adekunle Fajuyi ya zama Gwamnan soja. Janar Gowon, lokacin yana Laftanar Kanar, ya saki Awolowo a Agustan 1966. Adegbenro ya rasu a 1975 bai sake hawa kujerar da alƙalan Landan suka ce tasa ce ba.

Zaɓaɓɓun wakilai ba su sake zama a Badun ba sai a Oktoban 1979. Kafin nan an cire Ikeja da Badagiri da Epe da Ikorodu an haɗa da Ikko a 1967, an raba ragowar gida uku a 1976, wato Oyo da Ogun da Ondo. A zaɓen Gwamnan Oyo na 1979 kuwa, Bola Ige, tsohon sakataren yaɗa labarai na AG, shi ya kara da Richard Akinjide, ɗaya daga cikin 'yan NCNC da suka shiga Demo a 1964. Ige ne ya ci.